Tabki Yana Cikewa Daga Bisa Dutsi

Ƙasar Adar ƙasar duwatsu ce da kwaruruka. Wanda ya tashi daga Tawa ya nufi Keita, ko ya bar Madawa ya hau zuwa Buza, zai ga abu uku suna bin juna. A bisa akwai fako shimfiɗaɗɗe mai baƙin dutsi. Daga nan sai gangare mai tsauri. A ƙasa kuma sai kwari, inda fadama take.

Abincin jama'a daga kwarin nan yake fitowa. A can ake noma dawa da damina, a yi albasa da tumatir da rani. A can ruwan rijiya yake kusa. A can tabki yake kwanciya, bisashe su sha, masunta su yi su. Saboda haka idan tabki ya fara cikewa da rairai, ko kwazazzabo ya tsaga fadama biyu, hankalin kowa yakan koma ga kwarin. To amma ciwon daga bisa dutsi yake saukowa. Darasin wannan karo a kan haka yake.

Yawan ruwan da ke faɗowa gona

Ma'aikatan gona suna auna ruwan sama da milimita. Mutane suna jin wannan kalma a rediyo, amma ba kowa ya san nauyinta ba. Ga lissafin.

Hekta guda fili ne mai tsawon mita 100 da faɗin mita 100. Idan ruwan milimita 1 ya sauka bisa hekta guda, lita 10,000 ke nan. Tano guda yana cin lita 200. Ke nan milimita 1 tano 50 ne. Ruwa mai kyau na dare guda, wanda ya kai milimita 30, tano 1,500 ne bisa hekta guda tak.

Ina wannan ruwa yake zuwa? Idan ƙasa tana da ciyawa da ganye da itatuwa, ɗigon ruwa yakan faɗo bisa ganye, ƙarfinsa ya karye, ya sauka a hankali. Saiwa da gara sun riga sun huda ƙasa, sai ruwan ya bi ramukan ya shige. Wanda ya shige shi ne hatsi yake sha har kwana goma bayan ruwa. Shi ne kuma yake tafiya a ƙarƙashi sannu a hankali, ya fito cikin rijiyoyin kwari da rani.

Idan fako ne tsirara, labarin dabam ne. Ɗigon ruwa yana dukan ƙasa kai tsaye, ya farfasa ta, laka mai laushi ta toshe ƙofofinta. Rana ta fito ta gasa wurin, ya yi ɓawo kamar bayan tukunya. Ruwa na gaba ba ya samun hanyar shiga. Sai ya taru ya gangara. Yana gangarawa yana ƙara gudu, yana ƙara gudu yana ƙara ɗaukar kaya. Da farko laka yake ɗauka da taki. Can gaba ya ɗauki rairai. A gindin dutsi har duwatsu yake mirginawa.

Ruwa mai gudu shi ke ɗauke da kaya. Ran da ya tsaya, sai ya sauke. Wurin da yake tsayawa kuwa shi ne fadama, da tabki, da bayan baraji. Shi ya sa duk ƙasar da ta ɓace daga gonar tudu, a cikin tabki za a same ta.

Abin da ya faru kafin 1984

Tsofaffin Keita da Tamaske da Garhanga sun san lokacin da gangaren duwatsu ke rufe da itace. Hotunan da jirgin sama ya ɗauka a farkon shekarun 1960 sun nuna haka. A 1962 mutanen yankin Keita wajen 65,000 ne.

Daga ƙarshen shekarun 1960 ruwan sama ya ja baya. Aka yi babban fari a 1973, aka sake wani a 1984, shekarar yunwar da mutane da yawa ke kira El-Buhari. Itatuwa suka bushe a tsaye. Waɗanda suka rage aka sare su, don girki, don rufin ɗaki, don a sayar a sayi tiya guda ta hatsi. Ba za a ga laifin mai jin yunwa ba idan ya ɗauki gatari. Jama'a kuma tana ƙaruwa, gonaki suna hawa gangare, an daina barin gona ta huta.

Da dutsi ya tsiraita, sai ruwa ya canza hali. A da, ruwan korama yakan zo kwari ya bazu ko'ina, ya kwana, ya bar laka mai taki. Dawar fadama da wannan malala take rayuwa. Yanzu sai ya riƙa zuwa gaba ɗaya da ƙarfi, ya haƙa wa kansa hanya. Hanyar tana zurfi kowace damina. Da ta yi zurfi, ruwa ya daina fita bisa gonaki, sai ya wuce cikin ramin kamar baƙon da bai tsaya gaisuwa ba. Gaɓa tana zubewa, gonar da ke bakin korama tana raguwa taki biyu, taki uku a shekara. Rijiyoyi suka ƙara nisa. Wani abin mamaki shi ne, a shekarar da ake kukan fari, a ita ce kuma ambaliya ke cin gonaki.

Baraji da tabki

A ƙarshen shekarun 1960 gwamnati ta gina baraji a Ibohaman, aka gyara fili fiye da hekta 600 a ƙarƙashinsa don noman ban ruwa. Aiki ne mai kyau, ya ciyar da gidaje masu yawa. Sai dai an gina shi a gindin duwatsun da ke zubar da ƙasa. Kowace damina ruwa yana kawo laka ya ajiye a bayansa. Wurin da ya kamata ruwa ya zauna, laka ta zauna. Barajin da ke tare ruwan Majiya don gonakin Ƙwanni su ma wannan ciwo ne ke damunsu.

Yashe baraji aiki ne na manyan injuna da kuɗi masu yawa. Ko an yashe, in ba a taɓa dutsin da ke bisa ba, laka za ta dawo.

Tabkuna ma haka. Tabkin Tabalak, a kan hanyar Tawa zuwa Agadas, da tabkin Ɗan Dutsi, suna ba da tarwaɗa da karfasa, suna shayar da garke, ana lambu a bakinsu. Tsuntsaye suna tasowa tun daga Turai su yi sanyin hunturu a can. A 1971 ƙasashen duniya suka ƙulla yarjejeniya a garin Ramsar na ƙasar Iran don kare irin waɗannan wurare masu ruwa. Nijar ta shiga a 1987, kuma a 2005 aka sa Tabalak da Ɗan Dutsi cikin jerin. Sa suna cikin takarda girmamawa ce, amma takarda ba ta tare rairai. Tabkin da ya cike yakan zama faranti: ruwan ya bazu, ba zurfi, rana da iska su shanye shi kafin bazara. Kifi ya mutu, makiyayi ya koma rijiyar gari, a fara cacar baki a bakin rijiya.

Wani gari mai suna Keta

Ƴan ci-rani da suka yi Gana wataƙila sun ji sunan wani gari da ake kira Keta. Sunan ya yi kusa da na Keita, amma shi a bakin teku yake, gabas da inda kogin Bolta ke shiga teku. Garin yana zaune bisa siririn tudun rairai, teku a gabansa, babban tabki a bayansa.

Teku kullum tana kwasar rairan gaɓa tana yin gabas da shi. A da kogin Bolta yana kawo wani sabo daga arewa, ya mayar da abin da aka kwashe. A 1965 aka gama babban barajin Akosombo. Rairan da kogi ke kawowa ya tsaya a bayan baraji. Teku dama ta daɗe tana cin gaɓar Keta, sai cin ya ƙaru. Gidaje da tituna da makarantu suka faɗa ruwa, babban sashe na tsohon garin ya tafi. A bakin kogin kuma akwai wani itace da ke tsiro cikin ruwan gishiri, saiwoyinsa a waje kamar ƙafafu, ana ce masa mangurob. Shi ke riƙe laka, shi ke karya ƙarfin igiyar ruwa, a gindinsa ƙananan kifi ke girma. An sare shi da yawa don bandar kifi. A farkon shekarun 2000 gwamnatin Gana ta zuba manyan duwatsu a gaɓar Keta don tare teku, kuma ana ta sake dasa mangurob a wurare da dama na bakin tekun Afirka ta Yamma, musamman a Sanagal.

A Keta rairai ne ya ƙi zuwa. A Keita rairai ne ya yi yawa. Amma a duka biyun abin da aka yi can nesa, a saman ruwa, shi ya sauko kan mutanen ƙasa. Maganin ma ya yi kama: dutsi da itace.

Aikin Keita

A watan Mayu na 1984, zamanin shugaba Seyni Kunce, aka yi babban taro a Maraɗi kan yaƙi da hamada. A wannan shekara ce aka fara aikin da kowa ya sani da sunan Furoje Keita. Ƙasar Italiya ta ba da kuɗi, hukumar abinci da noma ta Majalisar Ɗinkin Duniya, wato FAO, ta riƙe aikin tare da ma'aikatan Nijar, hukumar PAM kuma ta kawo abincin da ake ba masu aiki. Babban mashawarcin aikin wani Ba'italiye ne mai suna Renato Karuci. Daga 1991 aikin ya faɗaɗa zuwa ɓangaren Buza da Abalak.

Dabarar aikin ita ce a bi ruwa tun daga inda ya faɗo har inda ya kwanta. Ba a fara da kwari ba. An fara da bisa.

A bisa fako, tarakta takan farfasa ƙasa mai tauri, ta tada kunya doguwa wadda ta gitta hanyar ruwa. Tsawon kunyar yakan kai mita 80, da hannu biyu a gefe da suka juya sama, kamar mutum ya buɗe hannuwa zai tari kaya. Sai mutane su zo su lulluɓe ta da dutsi da hannu, don kada ruwa ya cinye ta. A gaban kunya a dasa itace, a tsakani a shuka hatsi ko ciyawa. Fakon da ko akuya ba ta tsayawa a kai ya koma ba da damman hatsi.

A gangare tarakta ba ta hawa. Nan sai diga da shebur. Ana haƙa rami mai tsawon mita 3, faɗi santimita 60, zurfi santimita 60, a gicciye. Ƙasar da aka fitar a tara ta a gefen ƙasa, a danne da dutsi. A tsakiyar ramin a bar ɗan tudu, a dasa itace a kai, don kada ruwa ya shaƙe shi. Ba a jera ramukan ɗaya bayan ɗaya. Ana saɓa su, yadda ruwan da ya kuɓuce tsakanin biyu na sama zai faɗa cikin na ƙasa.

A nan ma lissafi yana da amfani. Rami guda yana cin lita 1,000 da ɗoriya, wato tano 5. Hekta guda tana ɗaukar ramuka wajen 700. Ke nan tano 3,500. An ga a baya cewa ruwan milimita 30 tano 1,500 ne. Ashe gangaren da aka yi wa ramuka yana iya shanye ruwan dare biyu masu kyau, ɗigo bai sauka kwari da gudu ba. Itatuwan da aka fi dasawa masu ƙaya ne, masu jure ƙishi: bagaruwa, farar ƙaya, kandili, ɗakwara, da wani baƙon itace mai suna furozofis.

A cikin korama kuma sai gabiyo. Gabiyo keji ne na waya mai kauri, a cika shi da dutsi, a ɗaure da ɗan'uwansa. Ana gitta shi cikin korama kamar matakala. Ba ya hana ruwa wucewa, gudunsa yake ragewa. Ruwa ya zo ya yi karo, ya sauke rairai a bayan gabiyo, ramin korama ya riƙa cikewa yana tasowa. A cikin kwari an gina dogayen katangu marasa tsawo, waɗanda ke tilasta wa ruwa ya fita daga ramin ya bazu bisa gonaki kamar da. An kuma yi ƙananan baraji inda ruwa ke kwana wata da watanni. Inda tudun rairai ke tafiya, an kafa shingen kara, an dasa itace a tsakani.

Su wa suka ɗauki dutsin?

Wannan tambaya tana da amsa guda: mata. Da an gama girbi maza sukan tafi ci-rani, Najeriya, Abijan, Kamaru, Libiya. Waɗanda suka rage a gari su ne mata da tsofaffi da yara. Mafi yawan masu aikin filin mata ne. Su suka tsinci dutsi bisa fako, suka ɗauka a ka, suka jera. Su suka riƙe diga a gangare da zafin bazara, wata da goyo a baya. Ladan yini shi ne rabon abinci: hatsi, da mai, da ɗan abin miya. An ƙiyasta yinin aikin da aka biya haka ya kai wajen miliyan 12.

Daga 1984 zuwa 2003 an gyara fili kusan hekta 35,000. An dasa itace wajen miliyan 18. An yi hanyoyin mota fiye da kilomita 300, rijiyoyi wajen 700, baraji wajen 40, ban da makarantu da ɗakunan magani da rumbunan tsimi. Hotunan sama na bayan shekara 2000 sun nuna daji ya dawo a wuraren da suke tsirara a 1984. Gaskiya ne ruwan sama ma ya ɗan dawo bayan shekarun fari, ya taimaka. Amma ruwan da ya faɗo bisa fakon da ba a taɓa ba har yau gudu yake yi.

Maƙwabta ma ba su zauna ba. A kwarin Majiya, cikin yankin Buza, iska ce ta fi ɓarna. Tun 1975 wani ma'aikacin gandun daji mai suna Dauda Adamu, tare da ƙungiyar CARE, suka fara dasa dogon yaro layi biyu-biyu, mita 100 tsakanin wannan shinge da wancan. Shingayen sun kai ɗaruruwan kilomita. Da aka auna, hatsin da ke bayan shinge ya fi na fili da kusan kashi 1 cikin 5.

Abin da bai gyaru ba

Yankin Keita kaɗai ya kai hekta 486,000. Filin da aka gyara cikin shekara 20, da tarakta da motoci da kuɗin ƙasar waje, bai kai kashi 1 cikin 10 na wannan ba. Jama'a kuma ba ta tsaya jira ba. Ƙidayar 2012 ta sami mutum fiye da 330,000 a yankin, wato ninki biyar na 1962. Gonar da ta ciyar da gida guda, yanzu gida biyar ke kallonta.

Furoje ya ƙare, motocinsa sun tafi. Abin da ya bari yana tsufa. Wayar gabiyo tana tsatsa, wani lokaci ma mutum ne ke kwance ta ya yi igiya ko tarko. Kunya takan fashe wuri guda. Ɓarakar da mutum biyu za su toshe da safiya guda, in an bar ta damina uku sai ta zama kwazazzabo, domin duk ruwan da kunyar ta tara ta nan zai bi. Kunyar da ta fashe ta fi rashin kunya ɓarna. Ramukan gangare suna cikewa da laka, wannan kuwa aikinsu ke nan, amma in itacen da ke ciki an sare shi, to an koma gidan jiya.

Akwai wata matsala da rabon abinci ya haifar. Mutane da dama sun ɗauka dutsin na furoje ne, tun da furoje ya biya a jera shi. In ya zube sai a jira wanda zai biya a mayar. Wannan tunani ya kashe aiki mai yawa. Furoje ba ya da gona a Adar.

Furozofis ma ya zo da nasa. Ya riƙe ƙasa, ya ba da itacen girki da gawayi. Amma bisashe suna cin ƴaƴansa suna baza irin, ya sauka fadama da bakin tabki inda ba a gayyace shi ba, ya yi duhu, ƙayarsa tana huda ƙafa da tayar amalanke. A kwari sai an riƙa sare shi ana tumɓuke kututturen. A bisa dutsi kuwa a bar shi ya yi aikinsa.

Sai maganar mallaka, wadda ta fi kowace zafi. Muddin fako fako ne, ba mai cewa nasa ne. Ran da ya fara ba da hatsi, sai a ji wani ya tuna kakansa ya taɓa noma wurin. Makiyayi kuma ya ce nan ne hanyar garkensa tun fil azal, ga shi an shuka. Matan da suka ɗauki dutsin sau da yawa ba su sami ko taki guda ba. Tun 1993 Nijar tana da dokar ƙasar karkara, wadda ta kafa kwamitocin filaye da ake kira kofo, daga na gari har na departama. Hanya mafi sauƙi ita ce a zauna kafin a ɗora dutsin farko: maigari, da limami, da masu gona, da wakilin makiyaya, da wakiliyar mata. A faɗi na wane ne wurin, wa zai noma, ina burtali zai bi, yaushe za a buɗe wa bisashe. A rubuta, kofo ta sa hannu. A nan ne mai karatun yaƙi da jahilci yake da rana, domin shi zai karanta wa jama'a abin da aka rubuta da sunansu kafin su dangwala.

Abin da gari zai iya ba tare da mota ba

Jera dutsi a gona ba baƙon abu ba ne a Adar. Kakanni sun yi gandari tun kafin zuwan Nasara. Abin da aka ƙara sani shi ne layin dutsi ya bi daidai inda ƙasa take kai ɗaya, kada wani gefe ya fi wani gangara. In ya karkata, ruwa zai bi gindinsa ya taru wuri guda ya fasa.

Ana gane layin da tiyo mai haske wanda ake ganin ruwa a ciki, mai tsawon mita 10 ko fiye, da sanda biyu masu tsawo ɗaya. A ɗaure bakin tiyo ɗaya a kowace sanda, a cika shi da ruwa, a tsayar da sandunan gefe da gefe a wuri mai daidai, a yi alama inda ruwa ya tsaya. Mutum guda ya tsaya da sandarsa. Na biyu ya matsa gaba, yana hawa yana sauka, har ruwa ya dawo kan alama a sanduna biyu. Nan ne za a kafa turke. Haka za a bi har ƙarshen gona. A ɗan haƙa ƙasa a zaunar da manyan duwatsu, a cusa ƙanana a tsakani. In an shuka gamba a bayan layin, ko dutsi ya nutse gamba za ta riƙe, ga kuma zana.

Sai tassa. A 1989 wasu manoman Illela suka je Yatenga a Burkina Faso, suka ga yadda ake gyara ramin shuka, suka dawo suka gwada a nasu fako. Da rani ake haƙa ramin, faɗi kamar tafin hannu biyu, zurfi kamar tsawon tafi guda. Ƙasar a tara ta gefen gangare. A zuba taki cikin hannu ɗaya ko biyu. Gara ta zo cin takin, ta huda ƙasa, ruwan farko ya taru ya shige. In taki guda ne tsakanin rami da rami, hekta tana cin wajen 10,000. Aiki ne mai wuya, ba a gama shi rani guda. Amma a yankin Illela da Badagishiri har saye da sayar da fako aka koma yi saboda tassa. Rabin wata ma haka yake, sai dai ya fi girma: faɗinsa mita 4, bakinsa yana kallon inda ruwa ke fitowa.

Akwai kuma itacen da ba a dasa ba. Kututturen sabara da kalgo da magarya da ke tohowa a gona, in an zaɓi reshe biyu ko uku masu ƙarfi aka bari, aka sare sauran, cikin shekara kaɗan sun zama itace. Mutanen Maraɗi suna kiran wannan sassaben zamani. Gawo kuwa kowa ya san hatsin gindinsa. A 2020 gwamnati ta fitar da doka da ta tabbatar wa manomi amfanin itacen da ya raina a gonarsa.

Lokacin duba gyara shi ne bayan girbi, da kuma kafin ruwan farko. A bi kunya daga wannan kai zuwa wancan. A fara toshe ɓarakar da ta fi kusa da bisa, domin in an fara da ta ƙasa, ruwan sama zai zo ya kwashe aikin. Ƙaramin kwazazzabo a tare shi tun daga kansa, da dutsi da ƙaya, tun yana iya tsallakuwa. A bakin tabki da bakin korama a bar ɗamarar ciyawa da itace, kada garma ta kai har ruwa. Garin da ke kwari kuma ya san cewa gayyar da zai kai bisa dutsin maƙwabta, tabkinsa yake yashewa.

Tambayoyi don tattaunawa a makaranta

Ruwan milimita 20 ya sauka bisa gona mai hekta 2. Tano nawa ke nan?

Daga wane dutsi ruwan da ke shiga tabki ko fadamar garin yake fitowa? Gonakin wane gari yake ratsawa kafin ya iso?

Kunya nawa da gabiyo nawa suka fashe a filin garin? A ƙirga su, a rubuta wurin kowane cikin kaye, a kai wa maigari kafin kasuwa mai zuwa.